Ranar da Tafinta Ya Kusa Dafa Ƙwan Gwaggo Tabawa

Samarin yanzu sukan shigo shagona a Bici su same ni gaban laftof, in danna maɓalli ɗaya, injin ƙyanƙyasar ƙwai ya kawo wuta ya fara huci, sai su kalli juna su ce, "Au, dama shi ke nan aikin?" Shi ke nan mana. Haihuwa ma ai nishi ce kawai in ba kai ke yi ba. To ku matso ku ji abin da ke ƙarƙashin maɓallin nan, don ni Habu, wanda ake kira Injiniya ko da ba na nan, furfurata rabi a ƙarƙashinsa ta fito.

Aikina shi ne in sayi mataccen firij, in fasa cikinsa, in sa masa hita da fanka da 'yar wayar da ke jin zafi, wadda muke kira sansa. Wannan duk mai ƙarfen soda da dalma zai iya. Inda sana'ar take shi ne wata 'yar baƙar ƙwaya mai ƙafafu kamar kyankyaso, aisi, ita ce ƙwaƙwalwar injin. Ita ke cewa hita ta kama ko ta saki, ita ke juya ƙwai, ita ke nuna lambar zafi a ɗan allon da ke gaban ƙofa. Kuma ban taɓa ganin daƙiƙiyar halitta kamarta ba. 'Yar ƙasar nan ce ta asali, abu biyu kaɗai ta sani a duniya: an kawo wuta, an ɗauke wuta. Duk maganar da za ka yi mata sai ka mayar da ita jerin an kawo, an ɗauke, wato lambobi zalla. Ba ta jin Hausa, ba ta jin Turanci, ba ta jin magiya.

Aikin farko da maigidana Malam Sabo ya ba ni a Kano, wata fitila ce ya ce in sa ta riƙa ƙiftawa. Malam Sabo asalinsa mai gyaran rediyo ne, daga baya ya yi aiki a wata masaƙa yana kula da injinan da ke da ƙwaƙwalwa. Na ce fitila? Kafin shayinka ya huce, Malam. Ya miƙo min fensir da takarda. Ya ce kowane umarni da aisi ke ji yana da ɗan gajeren suna, kuma yana da lambarsa: ɗauko, ajiye, ƙara, gwada, tsallaka. Zan rubuta sunayen a jere, sannan in bi su ɗaya bayan ɗaya in mayar da kowanne lamba da hannuna. Umarnin tsallaka shi ne azabar, don sai ka lissafa nisan inda za a dira. Ka manta layi guda ka saƙa shi a tsakiya, duk tsallen da ke sama ya zame, sai ka sake lissafi daga fari. Shayin Malam ya huce, an sake dafa wani, mai shayin ya yi aure ya haihu, fitila ba ta ƙifta ba.

Ranar da ta ƙifta, sai ya jawo ni gaban kwamfutarsa ya buga sunayen nan nawa, ya danna, cikin ƙiftawar ido lambobin suka zubo daidai da nawa. Na ce, "Malam, dama akwai wannan ka bar ni ina cin fensir?"

Ya ce, "Akwai shi. Amma in ba ka taɓa yi da hannunka ba, ranar da aka yi maka wata fassarar daban da me za ka gane?"

Wannan abin da ya nuna min shi ne asambula, ni kuwa ƙaramin tafinta nake ce masa. Bawan Allah ne mai amana. Suna ɗaya, lamba ɗaya, ya lissafa maka tsalle, ba ya ƙari ba ya ragi. Ka ce masa a zuba gishiri a kunu, haka zai isar.

Sai da na goge da shi kafin Malam ya haɗa ni da yayansa, kwamfaila, babban tafinta. Shi wannan kana rubuta masa magana kusan irin ta mutane: in zafi ya kai kaza, kashe hita, in bai kai ba, kunna. Ya karanta, ya yanka maganar gunduwa-gunduwa, ya duba ko ta tsaya da ƙafarta, in ka manta ɗigo ɗaya ya tsaya yana maka mita shafi guda kamar ka ci masa gado. In ya gamsu, sai ya farfasa kowace jimla zuwa ƙananan umarnin nan na ɗauko da ajiye, ya miƙa wa ƙaninsa ya mai da su lamba. Abin da zai ci maka wata, ya gama kafin ka sosa kunne. Sai dai yana da wani hali irin na dillalan kasuwar shanu. In ka ba shi izini ka ce ya matse, zai saurari dogon jawabinka, ya juya ya isar da kalma uku, ya ce ai duk abin da kake nufi ke nan. Galibi kuma gaskiyarsa ce.

Shekarar da ta fi gasa min gyaɗa a sana'ar nan, annoba ce ta shiga kaji. Daga Bagwai har bayan Shanono, gida sai ka shiga ka tarar da akurki wayam. Ku 'yan birni ba za ku gane girman abin ba. Zabuwa gwanar ƙwai ce, amma ba uwa ba ce. Za ta zuba ƙwai a cikin dawa ta kama yawonta. Shi ya sa tun kakanni ake kwashe ƙwan zabi a sa wa kaza mai kwanci ta ƙyanƙyashe ta rena. To ga damina ta sauka, zabi na ta zuba ƙwai, babu kaza ko ta rantsuwa. Sai kowa ya tuna da Habu. Layin ƙorai a ƙofar shagona, in ka tsaya a ƙarshensa kana iya hango Katsina.

A wannan shekarar kuma aisi ta ɓace a kasuwa. Na zaga Kano har takalmina ya koma silifas, kowane ɗan kasuwa ya ce kaya ba su iso ba. Abin da na samu 'yan ƙanana ne, cikinsu bai kai rabin wanda na saba da shi ba. Na kawo rubutuna da na daɗe ina lodawa a injina lafiya lau, babban tafinta ya fassara, ya ce bai shiga ba. Na ce to, yau ga ranarka, matse. Ya matse, ya shiga, har da ɗan sauran wuri. Na haɗa sabon inji na farko, na kunna shi da safe ana yayyafi, lamba ta hau a hankali ta kai talatin da bakwai, ta tsaya cak. Na yi wa kaina kirari.

Ranar ce Gwaggo Tabawa ta sauka daga kan babur, rungume da ƙwarya kamar mai ɗauke da jariri. Tsohuwa ce daga wani ƙauye bayan Shanono, 'yar firit, amma muryarta ta fi ta mai tallan magani. Ta ajiye ƙwaryar, ta yaye ƙyalle, ga ƙwai a kwance cikin ƙaiƙayi, kowanne an ɗiga masa baba, wato shuni, don a nan kowa da alamar da yake yi wa ƙwansa kada a cakuɗa.

Ta ce, "Kai ne mai kazar ƙarfen?"

Na ce, "Ni ne, Gwaggo. Ba ta cin dawa, ba ta kashi a tsakar gida."

Ba ta yi dariya ba. Ta ce waɗannan ƙwan fararen zabi ne, irin da ta gada wurin innarta, ita ma wurin tata innar. Duk yankinsu ba mai farin zabo sai gidansu. Muzuru ya ɗauke mata zabuwa ta ƙarshe, saura namijin yana ta yawo a bayan danga yana kuka. "Abin da ta bari ke nan. In suka lalace, iri ya yanke a hannuna. Ka ji ni da kyau, ɗan nan?"

Tsofaffin injinana duk sun cika, ko ƙwan tsaka ba shi da wurin zama. Sabon kuwa babu kowa a ciki. Na ce mata ta yi sa'a, ƙwanta za su kwana a ɗakin amarya. Na jera su a ciki na rufe.

Gwaggo ba ta koma gida ba. Tana da 'ya da ke aure a Bici, sai ta tare a can, kullum da safe ta zo da tabarma da carbi ta zauna a gaban injin tana gadinsa. Maƙwabcina Ɗanlami tela ya riƙa leƙowa yana cewa, "Injiniya, ka ɗauki sabuwar ma'aikaciya ne? Ta fi ka zuwa da wuri." A kwanakin nan marka ake yi, sama a rufe, gari da sanyi-sanyi, ba wanda ya ga rana.

Sai wata safiya gari ya washe. Da hantsi rana ta fito da fushinta ta dira kan kwanon shagona. Ina sodar wani allo sai na ji Gwaggo ta ce, "Ɗan nan, gaskiya na yaba da wannan sabon. Ya fi 'yan'uwansa hankali."

Na gyara zama don in sha yabo sosai. "Ai aikina ne, Gwaggo. Me kika gani?"

"Waɗancan lambarsu sai rawa take, ta hau ta sauka kamar mai zazzaɓi. Wannan kuwa tun ranar da na zo ko motsi ba ta yi ba."

Ƙarfen soda ya kusa faɗo min a cinya. Ku riƙe wannan: lambar gaskiya rawa take. Hita ta kama, ta ɗan hau. Hita ta saki, ta ɗan sauka. Lambar da ta tsaya kwana da kwanaki ba hankali gare ta ba, mutuwa ta yi. Na yi tsalle na buɗe ƙofar injin, wani huci ya bugi fuskata kamar na leƙa gidan burodi. Na bar ƙofar a buɗe ina kallon allo. Talatin da bakwai. Na fifita da hulata. Talatin da bakwai. Na fizge waya daga batir.

Abin da ya faru shi ne, hita a kunne take tun ranar farko ba ta taɓa saki ba. Sanyin marka ne ke janye zafin yana rufa mana asiri. Da rana ta fito, asiri ya tonu. Ɗanlami ya ruga kyamis ya aro ma'aunin zafin jiki, muka sa tsakanin ƙwan. Zafin ya wuce ƙa'ida, amma bai daɗe da wucewa ba.

Gwaggo ta tsaya a kaina. "Sun dahu?"

"Ba su dahu ba."

"Za su yi?"

"Wasu za su yi, in Allah ya so. Bari in matsa na mutane in cusa su a tsohon inji kafin in gyara wannan."

"Ba za su sake shiga wani akwati ba sai na ji abin da ya sami wannan." Ta kalli waje. Hadari ya sake haɗowa daga gabas, iska mai sanyi ta fara kaɗa labulen Ɗanlami. Na ce mata ƙwai ba ya mutuwa don ya ɗan sha iska, kaza ma tana tashi ta je kiwo. Ta ce ita ba ta san wannan karatun ba. Ta kwashi rabi ta ɗaure a cikinta da zane. Sannan ta dubi tumbina, wanda a lokacin ma ya fi na yanzu albarka. "Kai tela, kawo ƙyalle da auduga. Tun da kazarsa ta haukace, shi ne zai yi kwancin."

Haka aka yi. Ɗanlami ya ɗaura min sauran ƙwan a kan cibiya, yana dariya har da hawaye. "Sannu, Hajiya Kaza. A kawo tsaba ko kin ƙoshi?" Ni kuwa ba damar dariya, don in tumbin ya girgiza an gama. Ba damar sunkuyo, ba damar tari. Na zauna a miƙe kamar sabon hakimi, na jawo laftof da yatsu biyu.

Na fara da rubutuna. Na bi shi sama da ƙasa, lafiyarsa ƙalau, ko wasali bai canja daga wanda ke cikin tsofaffin injinan ba. Sansa lafiya, waya lafiya. Sai na ce wa babban tafinta, nuna min abin da ka faɗa wa ƙaninka. Ya zubo min ɗauko, ajiye, gwada, tsallaka, shafi bayan shafi. Nan ne samarin danna maɓalli ke tsayawa su ce aljanu ne. Ni kuwa na sa yatsa na bi layi-layi, sai ga ɓarawon.

Yadda na tsara abin, akwai wani ɗan yanki na rubutun da agogon aisi ke tasa lokaci-lokaci, ya je ya tambayi sansa, ya ajiye amsar a wani gurbi. Babban yankin kuma yana ta zagaye: ɗauko daga gurbin, gwada, kunna ko kashe, nuna a allo, koma ka sake. Da na ce a matse, tafinta ya leƙa cikin zagayen, ya ga ba wanda ke taɓa gurbin a nan ciki, bai san ana zuwa ta bayan gida a canja shi ba. Sai ya ce, me ya sa za a yi ta zirga-zirga? Ya fitar da umarnin ɗauko daga cikin zagayen ya ajiye shi a bakin ƙofa. Ana gama ɗumama inji a shiga zagayen, sai a ɗauko lambar sau ɗaya a sa a aljihu, a yi ta kallon ta aljihun har tashin duniya. Ta aljihun kuwa saura ƙiris ta kai inda ake kashe hita.

Gwaggo ta ce, "Ka gano?"

"Na gano. Kamar ki ce wa mutum ya riƙa duba miki tukunya ne. Ya duba sau ɗaya, ya ga ba ta tafasa ba, kuma bai ga mai ƙara itace ba, sai ya koma inuwa. Duk sanda kika tambaya ya ce ba ta tafasa ba."

"Maƙaryaci ne ke nan."

"Ba ya ƙarya, Gwaggo. Abin da aka rubuta masa yake riƙewa, ba abin da ke cikin zuciyar mai rubutu ba."

"To rubuta masa na zuciyar, ka daina surutu. Kana motsa min ƙwai."

Kalma ɗaya ce maganin. Akwai kalmar da ake liƙa wa gurbi, ma'anarta: wannan yana canjawa a bayan idonka, kullum ka je ka duba. Na liƙa, na danna. Tafinta ya mayar da ɗauko cikin zagaye, sannan ya ce min bai shiga ba. Ya yi yawa da kaɗan.

Ruwa ya ɓarke a kan kwano. Na cire zagayen gaba ɗaya daga hannun babban tafinta, na rubuta shi da kaina da gajerun sunayen nan, na ba ƙaramin. Na aske duk abin da zai askuwa. Na danna. Saura ɗan mitsitsi. Na duba me zan yar. Juya ƙwai? Ba dama. Ƙarar gargaɗi? Yau ce ma na san darajarta. Sai idona ya faɗa kan gaisuwar da injinana ke nunawa a allo in an kunna su: Injiniya Habu Bici, Sarkin Ƙyanƙyasa. Kowane harafi a nan yana cin wurinsa.

Ɗanlami na leƙe ta kafaɗata ya ce, "Allah ya ja zamanin sarki, yau za a yi murabus?"

Na goge sarautar. Bai shiga ba. Na goge Bici. Bai shiga ba. Na goge Injiniya, ina ji kamar ana cire min haƙori. Sai da na goge Habu ma, sannan ya ce ya shiga.

Na loda, na mayar da aisi, na kunna. Lamba ta hau ta kai wurinta, na ji ƙas, hita ta saki. Na buɗe ƙofa, lamba ta gangaro, hita ta kama. Na kara ƙarfen soda kusa da sansa, ta yi sama, ƙarar gargaɗi ta tsala ihu har akuyar maƙwabta ta tsinke igiya. Na sa Gwaggo ta yi gwajin da hannunta har ta gaji. Sannan ta kwance nata, ta kwance nawa, ta duba kowanne a haske ko na fasa, ta jera su da kanta. Ni kuwa na yi tarin da nake riƙewa tun hantsi.

Bayan 'yan kwanaki na haska su da tocila. Wasu jijiyoyinsu sun baje, ɗan abu na motsi a ciki. Wasu sun zama bara-gurbi, na ware su a gabanta ba ɓoye-ɓoye. Ta ƙulle su a ƙyalle. Sauran sababbin injinan duk na bi fassararsu layi-layi kafin su bar shago, kuma har yau ba na barin tafinta ya matse min magana ban karanta abin da ya isar ba.

Da lokaci ya yi, waɗanda suka rage suka fara ƙwanƙwasa ɓawo. 'Yan kaɗan ne, duk sun shige tafin hannuwanta biyu, farare kamar an wanke su da madara. Ta sa su a ƙwarya. Na tsaya ina jiran godiya, har na gyara hula.

Ta ce, "Ba a gane mace da namiji a zabi sai sun yi murya. In duk maza ne, aikin banza ka yi." Ta hau babur.

Rani ya wuce ban ji ɗuriyarta ba. Da damina ta zagayo, ina tsaka da aiki sai ga babur ya tsaya, ga Gwaggo da ƙwarya. Ta yaye ƙyalle, ƙwai ne fal, kowanne da ɗigon baba.

Na daka tsalle. "Allahu akbar! Akwai mace ke nan! Ɗanlami, zo ka ga jikokina! Kawo su, Gwaggo, yanzu zan ba su wuri mafi kyau."

Ta janye ƙwaryar. "Kai, waɗannan dafaffu ne, naka ne kai da tela. Na iri suna gida."

"A gida? Wa zai ƙyanƙyashe su?"

"Na sayi kaza."